Furfurar Damata

"Mama, wannan mutumin kansa nawa ne?"

Nafissa ba ta ɗago ba. Hannunta na kan wani littafi da take naɗewa a leda, ƙaramar 'yarta Damata na barci a bayanta, ga tulin saƙonnin da dole su isa gidan waya kafin a rufe. Ranar Asabar ce, babu makaranta, shi ya sa ta zo aiki da babbar, Nimatu, ta zaunar da ita a kan kwali ta ce kada ta taɓa komai.

"Ban ce miki kar ki taɓa kayan mutane ba?"

"Ban taɓa ba, buɗewa kawai na yi. Duba, ga kansa nan, ga wani, ga wani kuma. Kuma duk sunansa ɗaya."

Nafissa ta leƙa. Hotuna uku ne a shafi guda, kowanne ƙoƙon kan mutum a cikin akwatin zinariya mai gilashi. Ta karanta Faransancin da ke ƙasa. Yarinya ta yi gaskiya. Waliyyi ɗaya ne na Kiristocin da, amma garuruwa uku kowanne na rantsuwa cewa kan yana cocinsu.

Mai wurin, Mista Hogan, ya tambayi abin da yarinyar ta ce. Tsoho ne da ya taɓa koyarwa a makarantar horar da limaman coci, ya yi ritaya ya cika wani ɗaki a ƙarƙashin bene a Bronx da tsofaffin littattafai kan waliyyai da ƙasusuwansu da rigingimun coci, yana sayarwa ta intanet. Ya ɗauki Nafissa aiki ne don ta yi lakwal, wato makarantar boko, a Damagaram, tana karanta Faransanci, rabin kayansa kuwa da Faransanci suke. Da ta fassara masa tambayar, ya yi dariya har da tari.

"Wannan ai da sauƙi," in ji shi. "Akwai wadda haƙoranta suka fi haka."

Ya jawo wani littafi ya buɗe mata, yana ba ta labarin da baki. Wai shekaru ɗaruruwa da suka wuce, wani sarkin Turawa ya ji mutanensa na sayen haƙoran wata waliyyiya don maganin ciwon haƙori. Bai yi gardama da kowa ba. Shela ya sa aka yi, duk mai haƙorin ya kawo fada. Kowa ya taho da nasa yana taƙama, yana ganin shi kaɗai ya mallaka. Da aka zuba wuri ɗaya, haƙoran mace ɗaya suka cika ganga.

"Ko gaskiya ne ko masu rubutun sun ƙara gishiri, ban sani ba," in ji tsohon.

Nafissa ba ta yi dariya ba. Ta tsaya tana kallon shafin, tana jin numfashin Damata a wuyanta.

Damata da furfura aka haife ta. Wani ɗan tsiro ne fari fat a gaban goshi, irin na kakarta, uwar Nafissa, da irin na kakar kakarta. A gidansu ba a mamakinsa, alamar gida ce. Ranar suna wanzami ya zo daga Harlem ya yi aski, Nafissa da kanta ta tsince gashin, baƙin da farin, ta ɗaure da jan zare, ta naɗe a wani yankin saƙi da ta yago daga zanen da mahaifiyarta ta ba ta ranar da za ta baro gida. A gidansu gashin suna ba a zubar da shi, ba a bar shi a hannun kowa. Binne shi ake a gindin bishiyar darbejiyar tsakar gida, inda na kowa yake. Na Nimatu yana can, wata ƙanwar mijin Nafissa ce ta kai.

A lokacin mutum ɗaya ne mai tafiya gida, Alhaji Mukhtari, wanda ke da kanti a layi na 116 a Harlem, yana sayar da turare da carbi da darduma da busasshiyar kuɓewa. Mutumin garinsu ne, ya san mahaifinta, yana kiranta 'yarsa. Ta kai masa ƙunshin da hannu biyu. Ya karɓa da hannu biyu, ya ce in Allah ya yarda a hannun Inna, mahaifiyarta, zai saka.

Da ya dawo ya ce jakar ta ɓace a Kasabalanka, wajen canjin jirgi. Har ya yi kamar zai yi hawaye. Nafissa ta yi kuka ta share, ta ce ƙaddara ce. Ba ta yarda da rabin abin da ake faɗa kan gashin mutum da masu mugun aiki ba, amma ragowar rabin ya ishe ta. Duk tarin da Damata ta yi, duk zazzaɓin fitar haƙori, sai zuciyarta ta tafi wani sito a wata ƙasa, tana tunanin wa ya buɗe jakar.

Sai jiya. Maƙwabciyarta a Soundview, Adjara, 'yar zangon Kumasi mai aikin kula da tsofaffi, ta shigo da fara'arta, ta zaro wata 'yar kwalbar turare daga cikin rigarta.

"Ei, Maman Nimatu, zo ki ga abin da na samu. Gemun waliyyi! Waliyyi Mai Rijiya. Alhaji Mukhtari ya kawo tun bara, na yi ta ɓoyo, yau na ce bari na nuna miki. Tun da na rataya, bayana ya daina ciwo."

Nafissa ta ɗaga kwalbar a hasken taga. Silin gashi ne kaɗan, farare, masu laushi, sun lanƙwashe kamar harafin wawu na Larabci. Gemun tsoho ba ya haka. An ɗaure su da guntun jan zare.

Ta miƙa wa Adjara kwalbarta, ta ce Allah ya ba da albarka. Da ƙyar ta kai ƙofa ta rufe.

Shi ya sa yau, da suka tashi daga aiki, ba ta nufi gida ba. Ta kama hannun Nimatu suka hau jirgin ƙasa zuwa Harlem.

Kantin Alhaji na ƙamshin turaren wuta kamar kullum. Yana zaune a bayan kanta da carbinsa, gemunsa ya sha lalle ya yi jawur, yana shafa shi kamar mage.

"A'a, 'yata ce! Maraba, maraba. Ina Issoufou? Mota ta hana shi zumunci. Ina amaryata Damata?"

"Tana barci, Alhaji. Ina wuni? Ya kasuwa?"

Ta sayi daddawa, ta sayi kuka, tana jan lokaci. Can ta rage murya ta ce ta ji labarin wata albarka da ya kawo.

Alhaji ya dubi ƙofa. Ya sunkuya ƙarƙashin kanta ya ɗauko wani ɗan akwatin katako, ya sumbace shi, ya buɗe. A ciki akwai kwalba, a cikin kwalbar akwai gashi fari ɗaure da jan zare. An shimfiɗa wa kwalbar wani yankin saƙi baƙi mai ratsin fari. Gefensa ɗaya akwai ƙonuwar dutsen guga. Nafissa ce ta ƙona shi, a shekararta ta farko a Amurka, ta zauna ta yi kuka a kai.

"Wannan ita ce uwar," in ji Alhaji cikin raɗa. "Daga hannun jikokinsa na karɓo. Shekara ɗari uku yana kwance, amma kin ga gashin kamar na jariri."

"Kamar na jariri," in ji Nafissa.

"Saura kaɗan ya ƙare. Amma ke ta gida ce. In kina so in cire miki sili biyu ki rataya wa Damata, maganin baki ne da kambun baka. Ba zan tsauwala miki ba."

Nafissa ta dubi gabanta. Ga almakashin yanka leda a kan kanta, kusa da hannunta. Ga kwalbar, in ta miƙa hannu za ta kai. Amma ga Nimatu a gefenta, ga goyo a baya, ga ƙartin maza biyu a bakin ƙofa suna hira, kuma kanti nasa ne. Ta haɗiye fushinta.

"Zan yi shawara da Baban Nimatu," ta ce. Har da ɗan rusunawa.

Mijinta Issoufou ya dawo daga tuƙin tasi da la'asar washegari, ta zuba masa abinci, ta bari ya ci ya sha ruwa, sannan ta faɗa masa. Ya ture kwano gefe. Sannan ya ce zai je ya sami liman, a kira Alhaji a yi masa magana a asirce, dattijo ne, yana da iyali a gida.

"In aka kira shi, me zai fara yi?" in ji Nafissa.

"Zai ba da haƙuri mana."

"Zai shiga bayi ya juye kwalbar ya kora ruwa. Ya fito ya rantse bai san zancen ba. Gashin 'yarka ya bi lambatun New York."

"To ya kike so a yi?"

"So nake ya ɗauko kwalbar da hannunsa ya kawo mini har gida."

"Nafissa, ki ji tsoron Allah, kar ki jawo mana abin magana."

"Shi da ya raba 'yarka a kwalabe ya ji tsoron? Kai dai ka sayo rago, za a yi wa Damata walimar yaye."

Ya dube ta, ya ga idonta a bushe, ya san an wuce wajen lallashi.

A kwanakin da suka biyo baya Nafissa ta zama mai zumunci. Ta bi shagunan kitso na Harlem, ta hau jirgin ruwa ta je Park Hill, ta shiga gidajen suna da ba a gayyace ta ba. Ba ta zagi kowa ba, ba ta ce wani abu ƙarya ne ba. Duk macen da ta keɓe da ita sai ta ce mata a kunne, ta ji an ce akwai masu rabo da suka sami gemun Waliyyi Mai Rijiya, in kina ciki ki taho da naki ranar walima, Alhaji zai zo da uwar kwalbar a yi addu'a a kai, amma ki riƙe a cikinki, ba kowa ke da shi ba. Kowacce sai ta yi murmushi ta dafa ƙirji.

Shi kuwa Alhaji ta je ta durƙusa masa, ta ce shi ne uba a wannan ƙasa, shi zai buɗe taro da addu'a. Ta roƙe shi ya zo da akwatin a ɗora a kan Damata. Ta ƙara da cewa mata za su cika wurin, da yawansu ba su taɓa jin labarin waliyyin ba. Nan ta ga idonsa ya yi haske.

Ranar Lahadi bayan azahar, a ɗakin taro na ƙasan benensu, aka hallara. Maza na can gefe guda da Issoufou suna cin nama, labule ya raba. Gefen mata ya cika maƙil, shadda da leshi da ƙamshin humra, ga dambu, ga fura, ga shinkafa da wake da Adjara ta dafo irin na Gana da jan yaji. Damata na cinyar uwarta da sabuwar riga, an rufe mata kai da hula har goshi. Adjara na ɗaukar hoton bidiyo da waya, kamar yadda ake yi a kowane taro.

Alhaji Mukhtari ya shigo cikin babbar riga fara, akwatin a hammata. Aka ba shi kujera a gaba, aka ajiye kaskon turaren wuta kusa da shi. Ya yi addu'a mai tsawo, muryarsa na rawa a inda ya kamata. Ya buɗe akwatin ya ɗora kwalbar a kan teburi.

Nafissa ta miƙa Damata ga wata, ta ɗauko babban faranti ta ajiye kusa da kwalbar.

"Iyayena da yayyena," ta ce, "duk wadda Allah ya ba rabon gemun waliyyi, ta kawo nata nan, albarka ta haɗu wuri ɗaya."

Alhaji ya ɗago da sauri.

Hajiya Aïchatou ce ta fara tashi. Ita ce babbar mata a wurin, mai shagon kitso mafi daɗewa a Harlem, ba a yin suna ko biki ba da ita ba. Ta tako a hankali da alfaharinta, ta zaro kwalba daga jaka ta ajiye, tana kallon sauran da tausayi. Kafin ta koma kujerarta wata ta tashi. Sai wata. Sai uku a tare. Masu cirowa daga wuya, masu kwancewa daga bakin zane, wata daga cikin safa. Kwalabe suka yi ta ƙaruwa a kan faranti har suka fara gangarowa, aka kawo murfin tukunya.

Kowa a ɗakin ya shiga lissafi a zuci.

"Ke ma?" in ji Hajiya Aïchatou ga wata yarinyar shagonta. "Ni fa ce mini ya yi sili bakwai ne a duniya, nawa ne na ƙarshe."

"Ni ma na ƙarshe ya ce, Hajiya."

"Ei!" in ji Adjara, waya na hannunta ba ta sauke ba. "Waliyyin nan gemu ne da shi ko tabarma?"

Wani ya yi dariya daga bayan labule. Alhaji ya miƙe yana gyara riga.

"Ku saurara, ku saurara. Abin waliyyai ba a auna shi da hankali. Ƙaruwa yake. Karama ce, gashi yana haihuwa a cikin kwalba."

"Allahu Akbar," in ji Nafissa. "To bari mu ga karamar."

Ta ɗauki kwalba ɗaya daga faranti, ta buɗe, ta zazzage a kan garwashin kasko. Gashin bai yi ƙauri ba. Ya nannaɗe ya narke ya zama ɗan baƙin ƙullutu, warin ƙonanniyar roba ya tashi ya danne turaren. Rabin matan ɗakin masu kitso ne. Wannan warin suke shaƙa tun safe har yamma, in suna ƙona bakin kitson kwastoma.

Hajiya Aïchatou ta ɗauki tata kwalbar ta fasa murfin da haƙori, ta murza gashin a yatsa.

"Gashin kanti ne," ta ce a hankali. "Farin da tsofaffin Amurkawa ke sawa. Mukhtari, ashe abin da kake aiko yaronka yana saya a shagona ke nan? Ka ce mini na 'yar tsanar jikarka ne!"

Ɗaki ya kaure. Alhaji ya kai hannu zai ɗauki uwar kwalbar, amma Nafissa ta riga shi. Tun da aka fara idonta na kanta. Ta damƙe ta da ƙyallen duka ta rungume a ƙirji.

"Wannan kam ba ta kanti ba ce," ta ce. Muryarta ba ta tashi ba, amma aka yi shiru. "Ku miƙo mini 'yata."

Ta zare wa Damata hula. Farin tsiron ya miƙe a gaban goshi. Ta ɗaga kwalbar kusa da shi, ta juya kowa ya gani.

"Ga Waliyyi Mai Rijiya nan, yau ake yaye shi. Wannan gashin askin sunanta ne. Wannan zanen Innata ne, ga inda na ƙona da dutsen guga. A hannun mutumin nan na saka, ya ce a hannun Inna zai saka. Ya dawo ya ce mini Kasabalanka. Alhaji, ashe Kasabalanka a ƙarƙashin kantarka take?"

Issoufou ya yaye labule ya shigo, maza na biye. Wasu suka riƙe shi, don yanzu da ya ga kwalbar kusa da kan 'yarsa, maganar liman ta fita daga ransa.

Alhaji ya zauna daɓas. Zufa ta jiƙa wuyan rigarsa.

"'Yata, sharrin Shaiɗan ne. Na buɗe ne kawai in gyara ɗaurin, sai na ga fari. Ki dubi zumuncina da mahaifinki. Ki rufa mini asiri, Allah ya rufa miki." Ya juya ga Adjara. "Baiwar Allah, kashe wayar nan. In wannan ya isa Damagaram na mutu. 'Ya'yana mata suna gidan miji."

"Kana da 'ya'ya mata ashe," in ji Nafissa.

Ta bi kwalaben faranti ɗaya bayan ɗaya a hasken fitila, Hajiya Aïchatou na taya ta. Kusan duk na roba ne. Na Adjara na gaske ne, da na wasu biyu da suka saya da wuri, kafin kasuwa ta buɗe ya ga gashin jariri ba zai isa ba. Suka ba ta ba musu, ɗayar tana kuka tana neman gafara, wai ta jiƙa nata a ruwa ta sha.

"Saura na wa?" Nafissa ta tambaye shi. "Wa ka fara sayar wa?"

Ya yi ta inda-inda. Daga ƙarshe ya ce akwai wani direban babbar mota, ba ya zama wuri ɗaya, bai san sunansa na gaskiya ba, an ce ya koma Ohio ko Texas.

Nafissa ta rufe ido. Wato akwai silin kan 'yarta a wuyan wani ƙato da ba ta sani ba, yana yawo a titunan Amurka, kuma ba za ta taɓa samunsa ba. Da ta buɗe idon, duk wanda ke kusa ya ja baya kaɗan.

"Hajiya, akwai almakashi a jakarki?"

Mai kitso ba ta rabuwa da almakashi. Hajiya Aïchatou ta zaro ta miƙa mata. Nafissa ba ta matsa kusa da shi ba. A kan teburi ta ajiye, ta tura masa.

"Bidiyon nan ba zai je gida ba, saboda 'ya'yanka, ba saboda kai ba. Amma za ka ba ni amana kamar yadda na ba ka. Yanko gemunka."

"Subhanallahi! Me za ki yi da shi?"

"Kai me ka yi da nata?"

"Nafissa, ki bari," in ji wani dattijo daga cikin maza. "Ya isa haka."

"Baba, da girmanka, gashin jikarka ne a kwalbar?"

Dattijon ya ja baya. Alhaji ya dubi maza, babu wanda ya haɗa ido da shi. Ya dubi wayar Adjara. Ya ɗauki almakashin, ya kama jan gemun nan da yake shafawa, ya datse gefe guda. Nafissa ta shimfiɗa takardar goge hannu, ya zuba. Ta naɗe a gabansa, ta ciro jan zare daga bakin mayafinta ta ɗaure tam, ta jefa a jaka.

"In Allah ya yarda," ta ce, "zan kula da shi yadda ka kula da nawa."

Washegari da hantsi ta kira Inna ta faɗa mata komai. Ta ce za ta riƙe gashin har sai ta sami zuwa da kanta. Tsohuwar ta ce a'a, ya yi yawo ya isa, ƙasa duk ta Allah ce, ki binne shi yau. Akwai wani ɗan lambu a bayan benensu inda maƙwabta ke shuka tumatir da barkono. Nafissa ta ari cokalin haƙa, ta zaɓi gindin wata bishiya a kusurwa, ta haƙa har gwiwar hannu. Nimatu na riƙe da hannun ƙanwarta. Aka sa gashin cikin zanen Inna, aka rufe, ta tattake da ƙafa, ta ɗora dutse.

Kantin Alhaji Mukhtari bai rufe ba, amma mata sun daina shiga, kuma kantin daddawa da turare in babu mata sai ƙudaje. Ya aske sauran gemun don ya daidaita, ya koma kamar wani baƙo a fuskarsa. Ya aiko liman, ya aiko Issoufou, ya aiko matar wani da turmin atamfa, duk a roƙa masa ƙunshin. Nafissa ta mayar da atamfar.

Ba ta kai gemun wurin kowa ba, ba ta kuma da niyya. Yana cikin wani tsohon gwangwanin shayi a saman kanta a wurin aikinta, tsakanin littattafan ƙasusuwan waliyyai, inda Mista Hogan ya ce ya dace da shi. Amma Alhaji bai san haka ba. Shi mutum ne da ya yarda da duk abin da ake faɗa kan gashi, shi ya sa ya iya sayar da shi. In ƙafarsa ta kumbura, gemun ne. In ya yi mugun mafarki, gemun ne. An ce har rubutu yake sha.

Duk sanda ta je Harlem cefane, takan tsaya a bakin ƙofarsa da Damata a hannu, farin tsiron a buɗe. Ba ta shiga.

"Alhaji, ina wuni? Ya jiki? Na ga kamar ka rame." Sai ta ɗan dafa jakarta. "Amanarka na nan, ban kai ta Kasabalanka ba tukuna."

Ta wuce abinta. Ranar da direban nan ya dawo da silin 'yarta, ranar za ta mayar masa da nasa. Ta san ba zai dawo ba.

Ke da kike karanta wannan da jariri a cinya, in wanzami ya gama, ki tsince gashin da hannunki, ki binne shi da hannunki a ƙasar da kike tsaye, ko da ƙanƙara ce a kanta. Kada ki ba mai tafiya, ko ya san ubanki, ko gemunsa ya kai cibiya. Kai kuma da aka miƙa wa ƙunshi da hannu biyu, kada ka buɗe. Akwai uwa a bayan ƙunshin, kuma ba ta mantuwa.